Kumandan, Gaurakan Tsakar Gidanmu

Duk wanda ya taso a gidan nan na Dapaong a cikinku ya san Kumandan, gaurakan nan mai taƙama da ke zagaya tsakar gida yana leƙa tukwanen uwarku. Ku kuka raɗa masa sunan, don tafiyarsa sak ta kumandan Bafaranshe in ya fito kewaya kasuwa. Abin da ba ku sani ba shi ne inda ya fito. Kun kuma sha jin 'yan'uwanmu na Sokode suna cewa ubanku ya zaɓi tsuntsu ya bar ɗan'uwansa, shi ya sa aka haife ku a nan arewa, ba a babban gida ba. Ban taɓa tanka musu ba, domin akwai gaskiya a maganar, sai dai ba ita ke nan duka ba. Yanzu da gwiwa ta ƙi, ido ma ya fara ƙi, na ga gara in rubuta muku yadda abin ya faru, kada in tafi in bar ku da rabin labari.

Mu biyu Mma ta haifa maza, Yaya Sani da ni. Ban san mahaifinmu ba sai a bakin mutane, Yaya ne ya riƙe ni. Bafatake ne, yana koro shanu daga arewa ta Mango zuwa Sokode, wani lokaci ya wuce da su Langabu har inda jirgin ƙasa ya tsaya, ya komo da goro da atamfa. Mutum ne mai faɗa da murya da faɗin hannu, in ya yi dariya a zaure ana ji a gida na uku. Shi ya kai ni lakwal, makarantar Faransawa, lokacin da duk Zongo ke cewa an kai yaro ga halaka. Kuma komai yunwar da ya kwaso daga kara, kasuwar shanu, ba ya taɓa tuwo sai na zauna. Zai turo kwanon gabana da bayan hannu ya ce:

"Sa hannu, ɗan lakwal, kada Faransanci ya cinye maka hanji."

Da na isa aure, shi ya nemo mini uwarku Azumi, shi ya haɗa kayan da hannunsa. A ciki akwai wani jan zane mai ɗigon rawaya da ya sayo daga Lome, wanda ya yi wata guda yana cika baki cewa babu irinsa a Zongo kaf. Ku riƙe zanen nan a ranku, za mu komo kansa.

Saboda ɗan Faransancin da na tsinta, na samu aiki a ma'aikatar gandun daji, aka tura ni Dapango, kamar yadda muke kiran garin nan a wancan zamani. Na zo da Azumi muka kama ɗaki a Zongo, ina ɗan shekara talatin ko kusa. Maigidana wani dogon Bafaranshe ne da muke kira Mushe Zalɓe (Mushe shi ne maigida da Faransanci), don yakan tsaya cikin ruwa har gwiwa ba motsi, da madubin hangen nesa a ido, har sai ka ɗauka ya kafe. Ba ruwansa da katako ko harajin gawayi sosai, tsuntsayen ruwa ne suka shiga ransa. Ya ce bindiga ta yi yawa a ƙasar, masu kama 'yan tsuntsaye suna kai wa kudu ma sun yi yawa, kuma ba wanda zai iya cewa abin yana raguwa sai an san nawa ne bana, nawa ne baɗi. Mahautan kasuwa sun sha dariya a kaina. In na wuce sai su ce ga malamin da ke ɗaukar sunayen agwagi, ko yau an samu wanda ya yi fashi? Ni ma da farko dariyar nake yi a ciki.

Amma fadamar da ke gabas da Korbongu ta cire mini dariyar. Kai, da kun gan ta a damina ta wancan lokaci! Ruwa shimfiɗe har inda ido ya gaji, ciyawa ta fi mutum tsawo, bado ya rufe gefe. Da hantsi kirinjijiya za su tashi suna fito kamar yara sun fito daga makaranta, dinya na gefe tana ta muzurai, balbela ta farar da itatuwa, kwasakwasa na yawo da jakarsa a wuya. Sama da su duka kuwa gauraka, da tuntunsa na zinariya, biyu-biyu, miji da mata, in sun ga dama su buɗe fukafukai su yi ta tsalle da rausaya ba mai kiɗa. Na je wuraren da yawa bayan nan, ban sake ganin abin da ya cika mini ido kamar wannan ba, kuma har yau in na rufe ido ƙamshin taɓon nan nake ji.

Fadamar tana hannun wani tsoho Bamobe, ɗan asalin ƙasar, Baba Lare. Kakanninsa ne ke kula da ita, danginsu kuma ba sa cin gauraka, ba sa taɓa ƙwansa. Shi kaɗai ya san inda suke sheƙa, domin gauraka kan tara ciyawa ne a tsakiyar ruwa, can inda ba hanya. Sau uku muna zuwa gaishe shi da gishiri da taba kafin ya yarda. Ya ƙi kai Mushe, ya ce farin mutum yana da nauyin ƙafa. Ni ya duba, ya yi magana da Hausarsa ta kasuwa:

"Kai, ɗan Sokode. Ni zai nuna maka gida na tsuntsu. Amma ido kawai. Hannu babu, baki babu."

Na ce na ji, na ɗauki alkawari. Ya ce in sake faɗa, na sake.

Sheƙa goma sha ɗaya ya nuna mini a daminar nan. Aikina in koma kowace bayan kwana goma in ga ƙwai nawa, an ƙyanƙyashe ko ba a yi ba, in kawo wa Mushe ya rubuta a littafinsa. Matsalar ita ce ni ɗan gari ne. In na shiga ciyawar nan ko'ina iri ɗaya ne a idona, sau biyu ina ɓata har rana ta take, na fito jikina duk matsattsaku. Tsohon kuma yana da gonarsa, ba kullum zai raka ni ba. Sai wayon ɗan lakwal ya motsa. Na sassaro dogayen sanduna, na ce wa Azumi ta ba ni tsohon ƙyalle mai haske. Jan zanen nan ya riga ya ga duniya, wanki ya cinye shi, sai ta yayyaga mini shi. Na kafa sanda kusa da kowace sheƙa, na ɗaura tsumma a kai, daga bakin ruwa ma kana hango su ja-ja-ja. Mushe ya yaba mini har ya dafa kafaɗata. Baba Lare kuwa da ya gani sai ya tambaye ni:

"Sanda nan, na mene ne?"

"Alama ce, Baba, don kada in ɓata."

"In ido naka ya gani, ido na wani ma ya gani."

Na ce wa zai shigo cikin taɓon nan in ba mahaukaci irina ba? A raina na ce tsufa ne kawai. Ga shi yau na fi shi tsufa, kuma ban kai shi hankali ba.

Sallah ta faɗo a tsakiyar daminar, muka hau kamiyo, babbar motar kaya, ni da Azumi muka tafi gida. Kwana uku muna hanya, mota na kafewa muna turawa. A Sokode aka yi mana tarba ta gaske. Mma ta rasa inda za ta sa ni, matan gida na tsokanar Azumi wai arewa ta sa ta yi baƙi, yara na rige-rigen ɗaukar jakata. Da yamma Yaya ya turo kwano, muka zauna da abokansa a zaure. Su ma suka fara tsokanar aikin ƙirgar agwagi, ni kuwa zuciya ta ɗebe ni, na ce bari in nuna musu aikin ba na wasa ba ne. Na kwashe komai na zuba musu: fadamar, tsohon, sheƙa goma sha ɗaya, har da dabarar sanda da tsumma. Na san sarai sarakunan kudu da Turawan Lome suna son gauraka a tsakar gida, na san fatake kan kawo musu 'ya'yan a kwando. Amma a zauren gidanmu nake, gaban wanda ya goya ni, ko kaɗan ban ji kamar ina karya alkawari ba. Yaya bai ce komai ba sai tambaya ɗaya, wai yaushe 'ya'yan ke fara tashi. Na gaya masa. Mma da ke jin mu daga ƙofa ta ce:

"Auta, wannan baki naka ko ganga ta san lokacin hutawa."

Aka yi dariya, har da ni.

Bayan mun komo da kamar wata ɗaya da rabi, 'ya'yan sun kai girman kaza, ƙafafu zaƙo-zaƙo, fiffike bai yi ƙwari ba. Wata safiya na iso bakin fadamar, tun daga nesa na ji kukan da ban saba ji ba. Manyan suna ta kewaya sama, su sauko, su sake tashi. Ciyawa an tattake ta, hanya ta fito ɓaro-ɓaro daga wannan sanda zuwa waccan, kamar ni na zana musu. Iyali biyu kaɗai suka tsira, waɗanda iska ta kayar da sandunansu. Baba Lare na tsaye a bakin ruwa, taɓo har ƙugu. Ya miƙo mini jan tsumma.

"Mutane na shanu ne. Na tare su, sun ba ni goro, na zubar. Babba nasu ya kwance tsumma nan, ya yi dariya. Ya ce shi ya saya zane nan a Lome."

Na zauna a cikin taɓon. Ban taɓa jin kunya irin ta ranar ba, kuma ban sake ji ba.

Mushe ya zo, fuskarsa ta yi ja, ya tambaye ni ko na san su waye. Da na faɗa, gardawa, 'yan sandan Faransawa, za a tura, a ɗaure Yaya ko a kai shi aikin hanya. Na ce ban sani ba. Ƙarya ce, ku rubuta mini ita. Ya juya ga Baba Lare, ni ne kuma tafinta. Tsohon ya dube ni ido cikin ido, ya ce shi bai san sunan kowa ba. Daga ranar ya daina amsa gaisuwata.

Na nemi izini na sauka Sokode a fusace. A tsakar gida na tarar da ɗan gauraka guda, an yanke masa fiffike, yana bin kaji. Matar Yaya ta gaya mini yawancinsu sun mutu a kwando tun kafin a kai Langabu, kaɗan aka sayar, wannan kuma ya bar shi don ado. Da yamma aka kawo tuwo, Yaya ya turo kwano kamar kullum, ni ko na naɗe hannu. Na ce ya ci amanata. Ya yi mamaki da gaske, don shi a ganinsa bai yi laifin komai ba.

"Amanar wa? Tsuntsun Allah ne a dajin Allah. Ba na Bature ba ne, ba na tsohon nan ba ne. Na shiga ɗakinka na ɗauki wani abu?"

"Ka shiga ta bakina, Yaya. Na ba mutum alkawari."

"To ai ka riga ka karya. Baɗi na san ba za ka kafa sanda ba, sai ka raka yarana da kanka. Kana da abu a hannu, gidanku ba zai amfana ba?"

Mma ta fito tana cewa Auta ka bi yayanka a hankali, shi ne ubanka. Na ce ko sheƙa ɗaya ba zan sake nuna wa kowa ba, har abada. Yaya ya jawo kwanon gabansa.

"Wanda zai ɓoye mini abin da ya sani ba zai sa hannu a kwanona ba."

Ni kuma, da ɗanyen kai, na miƙe na kakkaɓe riga na ce:

"Gara in ci da tsuntsu."

To kun ji inda maganar mutanen Sokode ta samo asali. Na faɗa, ba ƙage suka yi mini ba. Ƙin da na yi ban taɓa nadamarsa ba, amma wannan kalma na yi nadamarta tun kafin in kai tasha.

Uwarku ce ta gyara tsakanina da Baba Lare. Ta ce zanenta ne ya yi ɓarnar, ita za ta je. Ta yi ta zarya Korbongu wurin matar tsohon, yau sabulu, gobe daddawa, ta taya ta surfe, har shekara ta zagayo. Da ruwa ya sake sauka, tsohon ya aiko a kira ni. Ya sa na buɗe hannuwana ya ga ba komai, sannan ya kai ni gindin wata tsamiya a kan tudu. Ya ce ba sai an je gidan tsuntsu ba kafin a san yana nan. Da sanyin safiya kowane miji da mata suna kuka daga wurinsu, in ka natsu za ka ji wannan daga gabas, wancan daga bakin kurmi, kowa da muryarsa. Duk biyun da ka ji, sai ka ƙulla ƙulli ɗaya a zaren ciyawa. In kaka ta yi, iyaye suka fito kiwo da 'ya'yansu a fili, sai ka hau tsamiya ka ƙirga. Haka na koma yi. Na kan kai wa Mushe adadi, amma da ya nemi in zana masa wuraren a takarda na ce takarda tana da ƙafa, ba zan zana ba. Ya yi ta ƙunƙuni, daga baya ya haƙura. Ya gama zamansa ya tafi, wasu suka zo suka tafi, wasu ma ba su san ana aikin ba, ni dai ban fasa hawa tsamiya ba. Sai a damina ta huɗu ƙulle-ƙullena suka kai goma sha ɗaya, yadda sheƙar take a da.

Shekara goma sha huɗu muka yi a haka ni da Yaya. Malamai sun shiga tsakani, muka koma yin sallama, busasshiya, iyakarta ke nan. In ya kawo shanu Dapango yakan sauka a Bombuwaka don kada mu haɗu. Ni kuma nakan je gaida Mma in na ji ya yi tafiya. Ranar da ta rasu mun tsaya kafaɗa da kafaɗa a sahu, da aka kawo abinci kowa ya nemi nasa gefen. A cikin shekarun nan aka haife ku ɗaya bayan ɗaya, ba wanda ya yi muku huɗuba a zauren kakanku. Ina kewar zauren nan ƙwarai, ina kewar dariyarsa, amma kowannenmu yana jiran ɗaya ya fara.

Wata rana da la'asar, a ƙarshen damina, wani direban kamiyo ɗan Zongonmu ya yi sallama da babban kwando a ka. Ke Rakiya kina da wayo lokacin, ke kika fara leƙawa kika ruga da ihu. Gauraka ne babba, a ƙafarsa an ɗaura wani tsumma da ya koɗe, amma ɗigon rawayan bai gama ɓacewa ba. Azumi ta gani ta juya ta shige ɗaki. Direban ya ce:

"Maigida Sani ya ce a kawo maka. Ya ce ka san inda aka ɗauko shi."

Na ce ba wani saƙo? Ya ce babu, sai dai jikin nasa ya yi nauyi, tun azumi bai fita kara ba.

Washegari na ɗauki tsuntsun zuwa Korbongu. Baba Lare ya makance lokacin, na riƙe masa sanda muka gangara bakin ruwa. Na kwance tsumman, na saki gaurakan. Fiffikensa ya daɗe da tohowa, ba abin da ya hana shi tashi. 'Yan'uwansa na kiwo can nesa, suka yi kuka, ya miƙe wuya ya saurara, har ya taka cikin ruwa taku uku. Muka juya a hankali muka kama hanya. Ba mu yi nisa ba tsohon ya tsaya ya karkata kunne.

"Wane ne ke bin mu?"

Na waiwaya. Ga shi nan a bayanmu, yana tafiyarsa ta kumandan. Na kora, ya dawo. Na sake kora har da jifa, ya tsaya ya jira, ya sake biyo ni. Shekara goma sha huɗu yana cin dawa a tafin hannun mutum, fadama ba ta zama gidansa ba kuma. Baba Lare ya yi dariya har da tari.

"Bar shi. Shi ya san wurin da ya girma. Kai ne ba ka san naka ba. Mota nan zai koma Sokode yaushe?"

A motar na koma. Na tarar da Yaya a zaure kan tabarma, an jingina shi da bango, mutumin da ke cika ƙofa ya koma kamar kara. Na yi sallama na durƙusa, na fara haɗa maganar da na kwana biyu ina shiryawa a hanya. Ya ɗaga hannu ya tsayar da ni. Ya tambaya ko tsuntsun ya tashi. Na ce ya ƙi, ya biyo ni gida. Ya lumshe ido ya ce ya san za a yi haka, shi ya ɓata shi. Sannan ya kira matarsa ya ce a kawo tuwo. Ta ce Maigida ai kwana huɗu ko koko ba ya wucewa. Ya ce a kawo dai, kwano ɗaya.

Da aka ajiye, ya tattara ɗan ƙarfin da ya rage masa ya turo kwanon da bayan hannu. Kwanon bai matsa ba ko taƙi ɗaya, ni na jawo shi.

"Sa hannu, ɗan lakwal."

Na sa. Shi ma ya sa nasa, ya bar shi a ciki, bai kai komai baki ba. Na cinye tuwon nan ni kaɗai ina kuka, hannunsa na gefen nawa har na suɗe kwanon. Kwana shida bayan nan muka kai shi makwancinsa.

Kumandan ya ƙara shekara tara a gidan nan, kun sha korarsa daga kan shanyar uwarku, kun kuma sha mamakin abin da ya sa nake zama da yamma ina ba shi dawa a tafin hannu kafin in taɓa nawa abincin. In mutanen Sokode sun sake ce muku ubanku ya ce gara ya ci da tsuntsu, ku ce haka ne, ya faɗa, kuma ya ci. Amma ku gaya musu wanda ya aiko masa da tsuntsun.